Mai Tsani: Mahaifina da Fitowarsa Guda a Fim

Mahaifina mai fenti ne. Da wannan sana'ar ya yi aure, da ita ya rene mu, kuma bai ajiye buroshi ba sai da gwiwoyinsa suka ƙi ɗaukarsa. Amma in ka tambayi waɗanda suka san fuskarsa, kaɗan ne za su ce maka mai fenti. Mai Tsani suke ce masa, saboda wata fitowa guda da ya yi a wani gajeren fim na barkwanci, fitowar da ba ta cika minti ɗaya ba. Bai taɓa yin fim kafin nan ba, bai kuma ƙara ba har Allah ya karɓi ransa. Abin da zan faɗa a nan, wani na gani da idona a gidanmu, wani daga bakinsa na ji, wani kuma sai bayan rasuwarsa na tono.

Ranar da abin ya faru, aiki ya fita yi kamar kullum. An ba shi fentin katangar wani gida, yana bisa tsani tun safe, sai ga wasu matasa da kyamara ɗaya da abin ɗaukar sauti a kan doguwar sanda, sun zo ɗaukar fim a layin. Wanda suka shirya zai fito a matsayin mai fenti bai zo ba, rana kuma tana ta yin sama, su ko da haskenta kaɗai suka dogara don ba su da fitilu. Daraktan ya ɗaga kai ya ga mai fenti na gaske a kan tsani na gaske, riga duk ɗigon fenti. Ya yi sallama, ya roƙi aron tsanin da aron mai tsanin na ɗan lokaci. Baba ya ce shi bai iya wasa ba. Daraktan ya ce, "Malam, ba wasa za ka yi ba. Aikinka za ka ci gaba da yi, mu ne za mu yi wasan a bayanka." A kan haka ya yarda, da sharaɗin su gama kafin fentin da ya dama ya fara kauri.

Fim ɗin gaba ɗayansa bai wuce minti goma sha biyar ba. Labarin wasu abokai biyu ne da mai bin su bashi ya rutsa, suna ta neman hanyar tsira. A tsakiyar gudun suka iso katangar da Baba yake fenti. Ya sauko, ya juya baya yana ƙara dama fenti a gwangwani, su kuma tare da wani yaro suka sunkuci tsanin suka yi gaba da shi. Abin da daraktan ya nema shi ne Baba ya juyo, ya ga ba tsani, ya ƙwala ihu ya bi su da gudu. Baba bai yi haka ba. Ya juyo da buroshi a hannun dama, gwangwani a hagu, idonsa na sama wurin da ya tsaya da fenti, ya ɗaga ƙafa ya taka inda matakin farko ya saba zama. Ƙafar ta faɗo ƙasa. Bai duba ba. Ya sake ɗaga ta, ya ɗan ƙara mata tsawo, ta sake faɗowa. Sai a nan ya sauke ido, ya ƙura wa wurin da babu komai, ya jima yana kallo, sannan ya juya ya dubi buroshin da ke hannunsa, wai ko shi zai yi masa bayani. Shi ke nan. Bai ce uffan ba, bai murtuƙe fuska ba, bai murmusa ba.

Wani gidan talabijin ne ya karɓi fim ɗin, ya riƙa cike gurbi da shi duk lokacin da wani shiri ya ƙare da wuri ko wani bai iso ba. Gajeren fim ba shi da wani gata sai wannan, amma gata ne babba, domin an nuna shi har ba adadi. Masu na'urar bidiyo suka naɗe shi a kaset, wannan ya ara wa wancan, wancan ya kwafa. Jaruman nan biyu sun yi ƙoƙarinsu, sun yi gudu, sun faɗi, sun yi surutu, amma yau da wuya ka sami wanda zai tuna maka kalma ɗaya da suka faɗa. Ƙafar nan da ta taka iska ita ta zauna a zukata. Ina makarantar firamare yara suka riƙa tsayawa a gaban bango suna ɗaga ƙafa, wasunsu ba su ma san ɗan wane ne ni ba.

A ƙarshen fim ɗin, inda ake jera sunaye, an rubuta na jaruman, na darakta, na mai kyamara, har da na wanda ya ba da aron mota. Da aka zo kan Baba sai aka rubuta "Mai tsani", gaban rubutun kuma fili. Ladan yini guda aka ba shi a hannu, ba takarda, ba sa hannu. Ba na zargin kowa da mugunta a wannan, amma ba zan ce abin bai taɓa ni ba, domin fim ɗin ya yi shekaru yana yawo, mutumin da ake kallonsa dominsa kuwa ko sunansa babu a ciki.

Shi kansa Baba bai ɗauki abin da zafi ba. Mutum ne mai ƙarancin magana, in ya dawo aiki ya wanke hannu da kananzir sai ya zauna ya yi shiru yana sauraron rediyo. Inna ce ta fi damuwa da farko. Na ji ta wata rana tana ce masa, "Malam, kai da ba ka son taro, ga shi ka zama abin nuni a hanya." Ya ce, "Ai ba zagina suke yi ba. Mutum ya gan ka ya yi fara'a kafin ka gaishe shi, me ya fi wannan?" Kuma gaskiya sunan ya jawo masa aiki. Akwai masu gida da suka aika a nemo musu Mai Tsani don su gan shi kawai, da suka ga tsabtar aikinsa, yadda yake kankare tsohon fenti kafin ya shafa sabo, yadda yake fitar da layin kusurwa ba tare da ya zarce ba, sai suka riƙe shi shekara da shekaru.

An sake nemansa. Wasu masu fim, ba na farkon ba, suka zo har gida suka ce suna so su gina fim guda a kansa. Ya saurare su, ya tambayi me zai yi. Suka ce zai faɗo daga tsani, gwangwanin fenti ya kife masa a ka, ya tashi yana zare ido yana tangaɗi. Ya yi musu godiya, ya ce su nemi wani. Bayan sun tafi yayana ya ce, "Baba, ai da ka karɓa." Amsar da ya ba shi ita ce bayani mafi tsawo da na taɓa ji daga bakinsa a kan fim ɗin. Ya ce, "Ranar can ni ban yi don a yi dariya ba. Na sa a raina tsanina yana nan, don kullum yana nan. Ƙafata ta san wurinsa, ba sai na duba ba. In na je na yi abin da suke so, ƙarya zan yi, kuma mai kallo zai gane."

Ba kullum sunan yake zuwa da daɗi ba. Akwai wani mai gida da ya yi baƙi alhali Baba yana tsakar aiki a farfajiyarsa, ya sa aka janye tsanin da gangan, ya kira baƙin ya ce, to Mai Tsani, yi mana irin ta fim. Ina wurin, ina riƙe masa gwangwani, don lokacin hutu nakan bi shi. Baba ya dubi mutumin ya ce, "Ranka ya daɗe, fenti aka kira ni yi. In an dawo da tsanin zan ƙarasa." Ya tsaya a wurin, bai ɗaga murya ba, har aka mayar da tsanin. Ya gama katangar tsaf, ya karɓi haƙƙinsa, bai sake taka gidan ba. Amma yaran unguwa in suka tare shi da yamma suka roƙa, sau da yawa yakan ajiye kayansa ya ɗaga musu ƙafa sau biyu ya dubi hannunsa, su fashe da dariya, ya ɗauki kayansa ya wuce. Ya san wanda yake so su yi dariya tare, ya san wanda yake so a yi masa dariya, kuma bai taɓa rikita su ba.

A jinyarsa ta ƙarshe ni nake kwana da shi a asibiti. Gadon da ke kusa da nasa wani dattijo ne da ciwo ya ci ƙarfinsa, ba ya magana da kowa, 'ya'yansa suna ta lallashi ya ci abinci yana kawar da kai. Wata ma'aikaciyar jinya ta gane Baba, ta faɗa wa iyalan. Dattijon ya juyo a hankali ya ƙare masa kallo, ya ce, "Kai ne?" Baba ya ce shi ne. Daga kwance, da ƙyar, ya ɗaga ƙafarsa cikin mayafi ya sake ta ta faɗi, ya sake ɗagawa, sannan ya dubi robar ƙarin ruwan da ke hannunsa. Dattijon nan ya yi dariya har da tari, 'yarsa tana dariya tana share hawaye. Daga baya ta same ni a baranda ta ce rabon da su ji dariyar mahaifinsu tun kafin ya kwanta. Baba bai daɗe bayan nan ba. Allah ya jiƙansa, ya jiƙan wancan dattijon.

Bayan rasuwarsa ne muka farga cewa babu kwafin fim ɗin a gidanmu. Kaset ɗin da muke da shi an ara ba a dawo da shi ba, hotunan Baba kuma ba su da yawa, duk a tsaye yake ƙiƙam ya haɗe hannu. Inda kawai yake motsi a duniya shi ne cikin wannan fim. Jikokinsa da aka haifa daga baya suna jin ana cewa kakanku Mai Tsani, ba su san me ake nufi ba. Na je gidan talabijin ɗin, aka yi mini kirki, aka duba, aka ce zaren da fim ɗin yake kai an daɗe da naɗar wani shiri a kansa. Raina ya ɓaci sosai ranar. Daga baya na fahimci haka gidajen talabijin suka yi ta yi a ko'ina, don zaren naɗa yana da tsada kuma ba wanda ya ɗauka za a nemi tsohon shiri. Har BBC ta goge shirye-shiryenta masu yawa a shekarun 1960 da 1970 don ta sake amfani da zaren. Matasan da suka yi fim ɗin kuwa sun watse, kowa ya kama gabansa.

Na shiga cigiya baki da baki. A ƙarshe wata tsohuwa, uwar wani abokin yayana, ta ce akwai kwalin kaset na marigayi mijinta a ɗaki, in zo in duba. A ciki na sami ɗaya da aka rubuta wa "barkwanci" da biro. Ta tagar kaset ɗin ana hango farar funfuna ta lulluɓe gefen zaren. Wani mai gyaran rediyo ya gargaɗe ni kada in kuskura in saka shi a na'ura haka, domin funfunar za ta toshe kan da ke karanta hoton, zaren kuma zai iya mannewa ya tsinke. Samun na'urar ma aiki ne. Tsarin irin wannan kaset, wato VHS, wanda kamfanin JVC na Japan ya fito da shi a 1976, ya riga ya zama tarihi, kamfanin Funai da ya rage yana ƙera na'urar ya daina a 2016. Sai tsofaffi, a haɗa biyu ko uku a tayar da ɗaya.

Haka na koyi aikin, don dole. Na koyi kwance ƙusoshin kaset ba tare da ƙaramin sifirin ɗin ciki ya yi tsalle ya ɓace ba. Na koyi rufe hanci da baki, don ƙurar funfuna tana cutar da huhu. Na koyi juya zaren a hankali yana bi ta kan ƙyalle mai laushi marar gashi, daga farko har ƙarshe, a canza ƙyalle a sake, sannan a mayar da shi cikin sabon gida. Na sayi ɗan akwatin da ke haɗa na'urar bidiyo da kwamfuta. Daren da hoton ya fito, bayan wasu tallace-tallace da guntun wani shiri, sai ga katangar, sai ga tsanin, sai ga mahaifina da ƙuruciyarsa, gashinsa baƙi wuluk, ya fi ni ƙarancin shekaru a yanzu. Hoton ya dushe, launin ya zuba, ƙasan allon yana rawa, don kwafin kwafi ne kuma kowane kwafi a kaset yana rage kyau. Ban iya kallo zuwa ƙarshe a daren ba.

Da fim ɗin ya shiga kwamfuta sai na samu damar da ba wanda ya samu a da, wato bin sa hoto bayan hoto. Bidiyo yana tafiya da hoto 25 ko 30 a sakan ɗaya, gwargwadon tsarin ƙasa, kuma in ka bi su ɗaya-ɗaya kana ganin abin da ido ba ya kamawa. A nan na gane cewa abin da Baba ya yi ba sa'a ce kawai ba. Tsakanin faɗowar ƙafa ta biyu da sauke idonsa akwai ɗan jinkiri, a cikinsa ba abin da ya motsa a jikinsa sai ɗigon fenti da ya zubo daga buroshi. Da ya gaggauta, da mai kallo bai gama fahimta ba. Da ya ƙara jinkiri, da dariyar ta huce. Mai kallo ya riga shi sanin babu tsani, yana jiran ya gane, jiran nan ne yake cika ciki har dariya ta fashe. Ƙwararrun 'yan barkwanci suna shafe shekaru suna neman wannan awo. Ni a ganina Baba ya same shi ne daga sana'arsa, don mai fenti ya san lokacin da shafin farko ya sha iska har ya isa a yi na biyu, kuma ya san garaje ɓata bango yake yi.

Neman yadda ake ceto kaset ne ya kai ni karanta tarihin adana finafinai, a can kuma na tarar mahaifina yana da 'yan'uwa da yawa. Fim ɗin da ake ɗauka a matsayin barkwanci na farko a tarihin silima, wanda Louis Lumière ya ɗauka a Faransa a 1895, bai kai minti ɗaya ba. Mai lambu yana ba shuka ruwa da tiyo, yaro ya lallaɓo ya taka tiyon, ruwa ya tsaya, mai lambu ya leƙa bakin tiyon, yaro ya ɗage ƙafa, ruwa ya fesa masa a fuska. Yana cikin gajerun finafinai goma da aka nuna wa 'yan kallo masu biyan kuɗi a Grand Café na birnin Paris ranar 28 ga Disamba, 1895. Mutumin da ya fito a mai lambu, François Clerc, ba ɗan wasa ba ne, mai kula da lambun gidan su Lumière ne na gaske. Da na karanta haka sai da na tashi tsaye. Ashe tun ranar farko, barkwancin fim a hannun ma'aikaci ya fara, wanda aka ce masa ci gaba da aikinka.

Shi Clerc ya yi sa'a an rubuta sunansa. A shekarun farko na silima a Amurka kamfanoni ba sa bayyana sunayen 'yan wasa, don gudun kada su yi suna su nemi ƙarin kuɗi. Florence Lawrence ta fito a finafinai masu ɗimbin yawa, jama'a suna son ta, amma ba su san ta da wani suna ba sai na kamfanin Biograph da take yi wa aiki, har sai da Carl Laemmle, mai wani kamfanin fim, ya ɗauke ta ya tallata sunanta a 1910. Ta rasu a 1938, kabarinta kuma ya zauna babu alama har 1991. In wadda ta yi wannan tashe ta ƙare haka, ina ga wanda ya wuce ta gaban kyamara sau ɗaya da tsintsiya ko da tire a hannu?

Finafinan ma kansu ba su tsira ba. Wani bincike da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinai marasa sauti da aka yi a ƙasar sun ɓace ɗungurungum. Zaren fim na wancan zamani da sinadarin naitiret ake yin sa, yana ruɓewa, yana kuma kamawa da wuta cikin sauƙi, kamar yadda gobara ta cinye rumbun kamfanin Fox a jihar New Jersey a 1937. Wani lokaci kuma Allah yakan tsare abu ta inda ba a zata ba. A garin Dawson da ke arewacin Kanada, a 1978, masu haƙa suka ci karo da naɗin fim 533 da aka cike wani tsohon wurin ninƙaya da su tun 1929, ƙasar da ba ta narkewa daga ƙanƙara ta adana su. Labarin da ya fi shiga raina shi ne na wani taro da wancan laburaren ya fara a 2012 a cibiyarsa ta Culpeper da ke jihar Virginia. Ana haska guntayen finafinan da ba a san sunansu ko 'yan wasansu ba, mutane suna zaune a duhu, duk wanda ya gane fuska, ko lambar mota, ko kalanda a bango, sai ya ɗaga murya ya faɗa. Manya da digirorinsu suna kashe kwanaki don a mayar wa wani da ya mutu tuntuni sunansa. Da na ga haka na daina jin cewa abin da nake yi wa Baba ƙaramin abu ne.

Ta hanyar sunan mai kyamara da ke ƙarshen fim ɗin na lalubo daraktan. Ya tsufa, ya daɗe da barin harkar, idonsa ɗaya ya yi yana. Na gabatar da kaina, na kunna masa a waya. Ya riƙe ta kusa da fuska, da aka zo wurin ƙafar ya yi dariya kamar bai taɓa gani ba, sannan ya yi shiru. Ya ce, "Ɗana, ka san sau biyu muka ɗauka? Na farko ya yi wannan, na ce a'a Malam, ihu za ka yi ka bi su. Ya yi yadda na ce. Da muka zauna tacewa, duk wanda ya ga na farkon sai ya riƙe ciki, na biyun kuwa ba wanda ya motsa. Na jefar da nawa na ɗauki nasa." Na ce, "Baba, to me ya hana a sa sunansa?" Ya ce rana ce ta kore su, suka tattara kaya a gurguje, ba wanda ya tambaya. Da suka koma layin bayan kwanaki an gama fenti, mai fenti ya tafi. Ya nemi in faɗa masa sunan, ya maimaita shi, ya yi masa addu'a, ya kuma ba ni izini da bakinsa da rubutunsa in ƙara shi a fim ɗin.

Ban taɓa komai a cikin fim ɗin ba, ban gyara launi ba, ban goge tsohon rubutun ba. Allo guda na ƙara a ƙarshe, baƙi da farin rubutu, mai ɗauke da cikakken sunan mahaifina da sana'arsa, da bayanin cewa shi ne mai tsanin. Muka taru a ɗakin Inna da jikoki aka kunna. Yaran suka yi ta kyakyata dariya suna cewa a mayar, a mayar. Inna ba ta yi dariya ba, rigar take kallo. Ta ce ta tuna ta, ita ta ɗinke mata aljihu, kuma ranar da ya dawo da ita bai ce mata komai game da wani fim ba, sai da maƙwabta suka gani a talabijin suka zo suna faɗa mata.

Yau wannan ce sana'ata. Mutane suna kawo mini kaset ɗin da suka yi shekaru a ƙarƙashin gado, na taron iyali, na wasan makaranta, na ƙananan finafinan da aka yi da kyamara ɗaya, ina wankewa ina juya musu zuwa kwamfuta. Na sa wa kaina ƙa'ida guda: ba na miƙa aiki sai na zauna da mai shi mun kalla tare, ina tsayar da hoto ina tambaya, wannan wane ne, waccan fa, wanda ya wuce a baya da kujera a ka fa? Abin da suka tuna in rubuta a takarda in haɗa da fayil ɗin. Wasu suna ƙosawa, su ce ai kowa ya san shi. Nakan ce musu kowa na yau ne ya san shi. Sau da yawa sai an kira wata gwaggo a waya kafin a samu suna, wani lokaci kuma a tarar wadda za ta iya faɗa ta rasu bara.

A fim ɗin Baba akwai sauran mutum ɗaya da ban samu ba, yaron da ya kama ƙarshen tsanin aka gudu da shi. Bai fi shekara goma ba a lokacin, sanye da riga mai ratsi da ta yi masa yawa, kuma daidai za su fita daga hoto ya waiwayo ya dubi Baba yana danne dariya da kafaɗa. Shi ko "yaro" ba a rubuta masa ba. Daraktan ya ce a layin suka tsince shi yana kallonsu, mai kyamara ya rasu, ɗaya daga cikin jaruman da na samu bai tuna shi ba. In yana raye yanzu magidanci ne, wataƙila da 'ya'yan da suka girme shi a wancan hoton. Na bar masa layi a allon da na ƙara, ƙarƙashin sunan Baba, kuma duk wanda ya kawo mini kaset daga wancan zamani nakan nuna masa fuskar yaron kafin ya tafi.